Tafinta a Binciken Aurena

Ba a shirya ni zan zauna a ɗakin ba. Da wannan nake so in fara, domin duk wadda ta ji labarin abin da take fara tambayata ke nan: yaya za a yi yarinya ta zauna gaban uwar mai neman aurenta, har tana buɗe baki? Yadda aka tsara, ni ina kicin. In dafa shayi, in miƙo ta bakin labule, ko yatsana kada a gani.

Na zo Makka ne bayan na gama sakandare a Katsina. Kakata ce ta riƙe ni tun rasuwar mahaifiyata, da ita ma Allah ya ɗauke ta sai Baba ya yi ta fama da takardu har ya samu ya ɗauko ni. Gyaran wuta yake yi a wani masaukin alhazai a Misfala, aikin da ba shi da lokacin tashi, don haka aka ajiye ni wurin yayarsa a Utaibiyya. Gwaggo ta daɗe a garin, tun ba a haife ni ba. Mijinta ya rasu, 'ya'yanta mata duk sun yi aure, kuma Larabci ya fi kama bakinsu. Ita kuwa Hausarta tana nan daram, sai dai ta riƙa yayyafa mata Larabci in ranta ya ɓaci.

Ni mutum ce mai tsoro, ban taɓa ɓoyewa ba. Watannina na farko ko shagon ƙasan bene ba na iya zuwa ni kaɗai. In motar 'yan sanda ta wuce sai in nemi inda zan raɓe, alhali iƙamata, takardar izinin zama, tana cikin jaka, ba ni da laifin komai.

Shi kuma mai neman auren nawa, ba zan faɗi sunansa ba, mu ba ma faɗar sunan miji. Ba'amurke ne, fari tas, ya musulunta tun yana karatu a ƙasarsu, ya zo nan neman ilimin addini. Ɗaliban Kano ne abokansa, a wurinsu ya tsinci gaisuwa da 'yan kalmomi, har da "madalla" da yake jefawa inda ba wurinta ba. A masallacin kusa da wurin aikin Baba suka saba. Wani lokaci Baba ya kwanta zazzaɓi, saurayin ya zo dubiya ya tarar da ni na kawo kunu. Daga nan magana ta taso. Mun zauna 'yan lokuta a gaban Baba, yana yi min Turanci a hankali kamar mai tsallaka ruwa. Abin da ya shiga raina game da shi ƙarami ne: in na fara magana na sarƙe, ba ya ƙarasa min, jira yake yi. Ban saba da haka ba. Da Baba ya tambaye ni na sunkuyar da kai, shi ma ya gane.

Amma Baba ba ya yanke komai sai da Gwaggo, ita ta goya shi. Ya ce, "Abin da Yaya ta ce shi ke nan."

Gwaggo ta ce ba a aure sai da bincike. "A gida da sai mu tura mutum unguwarsu, ya zauna majalisa, ya sha ruwa, ya baza kunne. Akwai kuturta a gidan? Akwai taɓin hankali? Akwai sata, akwai bauta? To wannan wa za mu tura? Ina unguwar take?"

Baba ya ce, "Yaya, mutumin nan ya musulunta. Musulunci ai yana shafe abin da ya gabata."

"Zunubi yake shafewa, ya akhi. Ba ya canja jini."

Ana cikin haka aka ce mahaifiyar saurayin za ta zo Umara. Ita ma ta karɓi addini 'yan shekaru bayan ɗanta. Gwaggo ta ce to ga unguwar ta zo da ƙafarta. Baba ya gaya wa saurayin cewa mata za su zauna da mahaifiyarsa don a san asalinsu. Daga baya na ji irin murnar da ya yi. Ya ce ai an zo gidan, mahaifiyarsa ba ta da aikin da ya wuce wannan. Shekaru ta yi tana bin diddigin danginsu, har Ingila ta je da kanta.

A lokacin babu wanda ya ga matsala a ciki. Sai yanzu nake ganin inda muka saɓa. A wurinmu bincike a bayan idon mutum ake yin sa, in kuwa aka tambaye ka gaba da gaba, "alhamdulillahi" za ka ce, ka rufa wa kakanninka asiri, mai tambayar ma ya san haka. Ita kuma an ce mata ana son jin asalinta, sai ta kwaso shi duka ta taho.

Wadda aka shirya za ta yi tafinta matar wani malami ce Bakano, ta yi jami'a a gida. Ranar, bayan azahar, ina soya sambusa, aka bugo waya cewa naƙuda ta taso mata an wuce da ita asibiti. Baƙuwa kuwa ta riga ta baro masaukinta a Jarwal. Gwaggo ta bubbuga wa 'ya'yanta waya, babu mai Turancin da ya wuce na sayen magani. Sai ga ta a bakin kicin tana kallona.

"Kashe wutar nan. Sa hijabinki."

"Gwaggo, ni? Gaban suruka?"

"Ba ta zama ba tukuna. Yalla." Ta kama hannuna, ta matse. "Ki ji ni da kyau. Nan cikin Harami muke, a nan ko ƙarya mutum ya ƙulla a zuci an rubuta masa. Abin da ta faɗa shi za ki faɗa min, abin da na faɗa shi za ki faɗa mata. Kada ki ƙara gishiri, kada ki rage. Na san kina son sa, shi ya sa nake gaya miki."

Na ce to. Na kashe wutar, na sa hijabi.

A ɗakin akwai maƙwabciyar Gwaggo, wata tsohuwa 'yar Damagaram da aka kira don ta zama shaida, ko kuma don ba a iya hana ta shigowa. Ni na raɓe a bakin ƙofa, na ja hijabi har kan hanci.

Baƙuwar ta shigo da sallama mai kyau. Doguwa ce, siririya, fuskarta ta yi ja saboda rana, abayar da ta sa ta yi mata gajarta. Ta zauna a ƙasa da ƙyar, gwiwoyinta suna ƙara. Da ta gane ko ni wace ce sai ta buɗe hannuwa za ta rungume ni. Na rasa inda zan sa kaina, na durƙusa kawai na gaishe ta da Hausa. 'Yar Damagaram ta ce, "To fa. Tafinta ta manta harshen."

Turancinta ba irin na malamanmu ba ne, ta hanci yake fita, kalmomin suna manne da juna. Sai da na roƙe ta ta sassauta. Ko da ta sassauta, akwai wuraren da suka wuce ni, in ta lura sai ta maimaita. Aka sha ƙahwa, aka ci dabino, aka tambayi hanya da zafi. Sannan ta ciro wata babbar waya mai faɗin allo, ta ajiye a tsakiyar tabarma, ta ce ta daɗe tana jiran wanda zai tambaye ta.

Hoton farko kaburbura ne. Duwatsu a tsaye cikin ciyawa, kowanne da rubutu.

"A'uzu billahi," in ji 'yar Damagaram. "Da maƙabarta ake buɗe maganar aure a garinsu?"

Gwaggo ta ce, "Su wane ne?"

Na tambaya. Ta ce iyayenta ne da kakanninta, ta hanyar duwatsun nan da littattafan coci da na kotu take gane wa ya haifi wa. Ta yi ta ja da baya, wannan ya haifi wannan, wannan ya auri wance. Malamin makaranta, mai shagon ƙarfe, wani ya mutu a yaƙi. Ina juyawa zuwa Hausa, sunayen suna zame min a baki. Gwaggo tana lissafi da yatsu har suka ƙare ta sake. Na ga abin ya burge ta. Ta ce wa maƙwabciyarta, "Kin ji fa. Waɗannan sun san kansu." Zuciyata ta ɗan kwanta.

Sai baƙuwar ta ce bari ta kai mu tushen, sannan mu dawo. Ta nuno wani fili kore shar, da tsohon coci na dutse, da tumaki birjik. Ta ce wani ƙauye ne a Ingila, daga nan na farkonsu ya tashi, lokacin Amurka tana hannun sarkin Ingila.

"Masha Allah, tumaki kamar 'yan maruƙa," in ji 'yar Damagaram.

"Makiyaya ne ke nan," in ji Gwaggo. "Ba laifi. Tambaye ta, fatauci ya kai shi ko sarki ne ya aike shi?"

Na tambaya. Matar ta yi dariya, har da dafa ƙirji. Ta ce ko ɗaya. Ta ce saurayi ne ɗan ƙodago, ba shi da ko kaza, wata shekara aka yi yunwa ya saci tunkiya. Aka kama shi, alƙali ya ce a rataye shi, daga baya aka sauya hukuncin aka ce a kore shi daga ƙasar. Aka zuba su a cikin jirgin ruwa da sarƙa a ƙafa. Da suka sauka aka jera su a bakin ruwa, wani manomin taba ya duba haƙoransa, ya saye shi na wasu shekaru. Ta faɗi adadin, na manta. Tana faɗa idonta yana ƙyalli. Ta ɗora yatsa a kan hoton ta ce daga shi duk muka fito, har ɗana.

Na tsaya. Na yi zaton ban ji daidai ba, na ce ta maimaita. Ta maimaita, a hankali, da murna.

"Me ta ce?" in ji Gwaggo.

Da akwai hanyoyi. Ina iya cewa yunwa ta kore shi, kuma ba ƙarya ba ne. Ina iya cewa aikin gona ya je yi. Duk sun zo min a kai. Amma hannun da Gwaggo ta matse bai daina zafi ba, kuma ta tagar ɗakin ana hango dogon ginin nan mai agogo da ke gaban Ka'aba. Tsoron Allah ne, ko tsoron Gwaggo ne, har yau ban iya rabewa ba. Na faɗa duka.

Gwaggo ta ajiye finjalinta a hankali.

"Sata."

"E, Gwaggo. Tunkiya ɗaya."

"Ban tambaye ki ko nawa ba ce. Kuma aka sayar da shi."

"Na wasu shekaru ne kawai."

"Tsaya," in ji 'yar Damagaram. "Bature ma ana sayar da shi? Wa ya saya?"

"Bature ɗan'uwansa."

"Ikon Allah. Shekarata nawa a duniya ban taɓa ji ba."

Gwaggo ta ce, "To dariyar ta mece ce? Tambaye ta."

Na tambaya yadda zan iya. Baƙuwar ta ce alfahari take yi da shi. Ta ce da yawa sun mutu a jirgin, da yawa sun mutu a gonar, shi ya rayu, ya gama shekarunsa, ya samu ɗan fili, ya yi aure. Ta ce masu bin diddigi da yawa sarakuna suke nema a danginsu, ita ta fi son wannan.

Gwaggo ta juya wurin maƙwabciyarta, murya ƙasa ƙasa. "Ko dai ɗayan ma akwai shi a gidan?" Ta taɓa gefen kanta. Na buɗe baki zan fassara, ta daka min tsawa. "Ke! Wannan ba da ita nake ba."

Daga nan na san an gama. Biyu daga cikin abubuwan da Gwaggo ta lissafa, kuma da bakin uwarsa. Na zauna ina juya magana kamar injin, ban ma san me nake cewa ba. Wurin da man sambusa ya fallatso min a hannu ya tashi, nake ta kallonsa. Baƙuwar ba ta lura da komai ba, tana ta matsa hotuna. Ɗan wannan ya ƙara fili, jikansa ya gina gida.

Sai muryarta ta canja. Ta nuno wani farin gida mai ginshiƙai. Ta ce akwai abin da ba ta so ta faɗa, amma ba za ta iya zama a ɗakinmu, ta sha ƙahwarmu, ta ɓoye ba. Ta ce jikan mutumin nan da aka sayar, da ya yi arziki, shi ma saye ya yi. Baƙaƙen mutane, waɗanda aka kwaso daga Afirka. Su kuma ba na wasu shekaru ba, har mutuwa, da 'ya'yansu da jikokinsu. Ta ce haka gidan ya yi ta tafiya, uba ya bar wa ɗa, har aka hana. Ta ce ta ga inda aka rubuta su a rabon gado, tare da dawaki da tukwane. Hawaye suka zubo mata, ba ta share ba. Ta ce tun a jirgi take jin tsoron wannan lokacin, ta san muna iya hana ɗanta aure saboda shi, kuma ba za ta ga laifinmu ba.

Na fassara. Wannan bai yi min wuya kamar na farko ba, tunda a ganina babu sauran abin da zai lalace.

Sai na ga Gwaggo ta gyara zama.

"Bayi suka mallaka?"

"E."

"Su da kansu? Da yawa?"

"Ta ce da yawa."

"Da gona, da wannan gidan?" Ta jawo wayar ta duba ginshiƙan da kyau. Fuskarta ta saki. "Ashe masu gida ne. To me ya sa ba ta fara da wannan ba, ta tsaya tana ba mu labarin tunkiya?"

"Sarauta ce ta wani fanni," in ji 'yar Damagaram.

"To kukan na mene ne? Miskina. Ke, gaya mata ta share hawayenta. Gaya mata wannan ba abin kunya ba ne, gidan da ya riƙe bayi gidan asali ne, a ko'ina. Ki ce wannan ya wanke tunkiyar."

Na ce, "Gwaggo, don Allah kada a faɗi wannan."

"Lesh? Don me? Lallashinta nake yi."

"Ba za ta ji shi haka ba."

"Ke kika san yadda za ta ji? Na ce ki faɗa. Me na gaya miki a kicin?"

Baƙuwar tana kallon bakinmu ɗaya bayan ɗaya. Ta ga Gwaggo tana murmushi, ta ga an miƙo mata hankici, na san ta ɗauka yafiya ce. Ta kamo hannuna. Ta ce, 'yata, me ta ce? Ki gaya min duka.

Turancina na makaranta ne. Ba ni da kalmomin da ake lulluɓe magana da su. A Hausa da na san yadda zan zagaya, in kawo karin magana, in bar ta ta tsinta. A Turanci hanya ɗaya na sani, miƙaƙƙiya. Na gaya mata cewa mallakar bayi ba abin kunya ba ne, alama ce ta gidan kirki, kuma shi ya goge satar.

Ba ta saki hannuna nan take ba. A hankali yatsunta suka saki, ɗaya bayan ɗaya. Ta dubi Gwaggo, ta dubi tsohuwar, ta dube ni. Mu uku baƙaƙe wuluk. Ta ce ko na gane abin da ta faɗa kuwa? Ta ce mutanen nan wataƙila daga ƙasarku aka kwaso wasunsu. Wataƙila wasunsu suna salla.

Na juya wa Gwaggo. Ta ce, "Allah ya ji ƙansu in Musulmi ne. Zamani ne. Mu ma can gida an saya an sayar."

Na juya. Baƙuwar ta ce, to ku danginku wanne ne a ciki?

Ban so in mayar da wannan ba, amma Gwaggo ta riga ta ga tambaya ce. Na faɗa mata. Gwaggo ta faɗi sunan mahaifinta, ta faɗi na kakanta, ta ce shi kuma mahaifinsa malami ne. Ta tsaya. Baƙuwar tana jira a ci gaba. Ni ma na tsinci kaina ina jira, domin ban taɓa jin an wuce nan ba, kuma ban taɓa lura cewa ba a wucewa ba. 'Yar Damagaram, wadda bakinta bai huta ba tun shigowarta, ta duƙufa tana tsince ƙwallon dabino a kan tabarma.

"Khalas, ya isa haka," in ji Gwaggo. "Gaya mata mu ke bincike."

Kiran la'asar ne ya cece mu. Muka yi alwala, muka jeru. Baƙuwar ce a damana, kafaɗarta a jikin tawa. Bayan salla aka kawo abinci, ta ɗan taɓa, ta yi godiya, ta ce ɗanta yana jira a ƙasa. Gwaggo ta haɗa mata turare da atamfa, ta raka ta har bakin bene tana sa mata albarka, ni ina biye ina fassara albarkar. Ba ta sake buɗe hannu za ta rungume ni ba. Ta ce min na gode, kawai.

Na koma kicin na zauna a ƙasa, bayana jingine da firji. Na kasa kuka. Ban san wa zan yi wa ba.

Gwaggo ta yi kwanaki ba ta tayar da maganar ba. Sannan ta kira Baba, suka zauna, ni ina ɗaki ina ji. Ta ce ta auna. Ɓarawo ɗaya ne, can nesa, kuma yunwa ce. Sayarwar ma ba bauta ce ta gaske ba tunda ta ƙare. Bayansa kuwa duk masu gona ne da barori. Kuma matar ba ta da ƙarya, ko da yake ba ta da sirri, sai in yi hankali da abin da zan riƙa gaya mata. Ta ce, "Na yarda. A sa rana."

Baba ya yi ta hamdala. Ya leƙo ya ce, "Kin ji Yaya?" Na ce na ji. Na ce, "Baba, kakan kakanmu wane ne?" Ya dube ni kamar na yi wani yare. Ya ce, "Me ya kawo wannan? Tambayi Yaya." Ban tambaye ta ba.

Da saurayin ya zo tare da Baba, shi ma a rikice yake. Ya ce mahaifiyarsa ta yi kuka a mota tun daga Utaibiyya har Jarwal, ta ƙi gaya masa dalili, abin da ta ce kawai shi ne yarinyar ba ta ɓoye komai. Ya ce me ya faru? Baba yana zaune yana jan carbi, na rasa ta inda zan fara. Na ce masa, har yanzu tana so a yi? Ya ce ai shi zai yi auren, ba ita ba. Na san don ya kwantar min da hankali ya faɗa. Amma a wurinmu wannan ba amsa ba ce, wannan shi ne abin da ake faɗa in uwa ba ta so.

An ɗaura aure bayan mahaifiyarsa ta koma. Yanzu karatunsa ya ƙare, ya tafi yana shirya takarduna, ni ina nan wurin Gwaggo ina jira. Bai samu gida ba tukuna. A gidan mahaifiyarsa za mu fara zama.

Abin da yake hana ni sukuni ke nan. Maganar ta Gwaggo ce, amma Gwaggo ba ta jin Turanci. Da muryata matar nan ta ji, fuskata take kallo. Duk ranar Juma'a suna kira ta bidiyo, ta yi min sallama, ta tambayi lafiyata da ta Baba, ta yi murmushi na mutunci, ta miƙa masa wayar. Ba ta taɓa faɗa min magana marar daɗi ba. Da ta faɗa da na fi sanin inda nake.

Na haɗa jimla a kaina, na yi ta maimaitawa ina wanke-wanke, cewa abin da na faɗa ranar ba ra'ayina ba ne. Sai dai duk lokacin da na zo ƙarshenta nakan tsaya. Domin na tuna lokacin da Gwaggo ta gyara zama, fuskarta ta saki. Matar tana kuka a kan mutanen da aka rubuta tare da tukwane, ni kuwa wani sanyi ne ya ratsa ni, na ce a raina alhamdulillahi, ashe aure bai mutu ba. Ban zauna na yi tunanin mutanen ba sai daga baya. Yanzu kuwa sun ƙi barina. Ina ɗawafi in ga wata baƙar tsohuwa daga Amurka, sai in rasa ko 'yar'uwata ce, ko kuma ni ce na auri gidan da ya riƙe kakarta. Ban ma san ko nawa kakannin masu saye ne ko waɗanda aka saya ba. To ra'ayina wanne ne, da zan ce wancan ba shi ba ne?

Juma'ar da ta wuce na yi ƙarfin hali. Da ta zo miƙa masa wayar na ce, Mama, tsaya. Karon farko ke nan da na kira ta haka. Na ce ina so in yi magana a kan ranar nan. Harshena ya sarƙe, ita ma ta jira, ba ta ƙarasa min ba, kamar ɗanta. Da ta ga na kasa sai ta girgiza kai. Ta ce ba a waya ba. Ta ce ita ma tana da abin faɗa, kuma tana da tambayoyi, in bari sai na zo mu zauna mu biyu, babu kowa a tsakani.

Na ce to. Ta ce ta gyara mana ɗakin sama, tagarsa tana kallon gabas. Na yi godiya. Tun ranar nake juya maganar, na kasa gane ko maraba ce take yi min, ko kuwa nawa binciken ne bai zo ba tukuna.